Tsofaffin finafinan bikin Shakespeare a garin Stratford: shaidar tarihi ce ko talla?

Mai Majigi:
Assalamu alaikum, jama'ar wannan zaure. Ina so mu tattauna a kan wasu gajerun finafinai marasa sauti waɗanda kamfanonin labaran majigi na Ingila suka ɗauka a garin Stratford-upon-Avon a farkon ƙarni na 20, na bikin da aka riƙa yi a ranar 23 ga Afrilu domin tunawa da marubucin wasan kwaikwayo William Shakespeare. Tun da kamfanin British Pathé ya ɗora taskarsa ta finafinai kimanin 85,000 a YouTube a shekarar 2014, duk mai waya yana iya kallon wasu daga cikinsu. Abin da suke nunawa kusan iri ɗaya ne shekara bayan shekara: dogayen sanduna a jere a titin Bridge Street, jakadun ƙasashe da manyan gari suna jan igiya tutoci suna warwarewa, sannan jerin gwano na mutane riƙe da furanni suna tafiya zuwa cocin Holy Trinity inda kabarin marubucin yake. Ra'ayina shi ne waɗannan 'yan mintoci sun fi dogon rubutu amfani wajen fahimtar yadda ƙaramin garin kasuwa ya zama wurin ziyarar duniya, domin gani ya kori ji. Ina so in ji ko akwai mai ganin akasin haka.

Ɗalibin Tarihi:
Wa alaikumus salam, Malam. Da izininka, ni ina ganin akasin haka. Karin maganar nan tana aiki ne idan mai gani shi ya zaɓi inda zai tsaya, ya waiga dama da hagu yadda ya ga dama. A fim kuwa wani ne ya yi mana zaɓin tun kafin a haifi kakanninmu. Kamfanin Pathé ya fara fitar da labaran majigi a Birtaniya a 1910, Topical Budget ya biyo baya a 1911, kuma kasuwanci suke yi: sau biyu a mako suna kai wa gidajen silima faifai na kimanin minti biyar, a cikinsa akwai labarai da dama, kowane labari bai fi minti ɗaya ko ɗan sama da haka ba. Mai ɗaukar hoto da aka turo daga Landan ya san abin da editansa yake so, wato manyan mutane da tutoci da cincirindo, kuma masu shirya bikin su ma sun san inda za su tsayar da shi. Saboda haka abin da muke kallo shi ne yadda garin yake so a gan shi, kuma wannan sunansa talla, ko da an yi shi da kyakkyawar niyya.

Malamar Adabi:
Ƙanena Ɗalibin Tarihi ya taɓo abu mai muhimmanci, amma ina so in ja maganar baya, domin shi kansa bikin shiryayyen abu ne tun kafin a ƙirƙiro kyamara. Rajistar coci ta nuna an yi wa Shakespeare baftisma ranar 26 ga Afrilu 1564. Ya kuma rasu ranar 23 ga Afrilu 1616. Babu takardar da ta rubuta ranar haihuwarsa. Al'ada ce ta tsayar da 23 ga Afrilu, ranar da ta zo daidai da ranar rasuwarsa da kuma ranar waliyyin da Ingila take ɗauka a matsayin majiɓincinta, Saint George. Babban biki na farko ma ba a watan Afrilu aka yi shi ba. A watan Satumba na 1769 ne shahararren ɗan wasa David Garrick ya shirya shagali na kwana uku, aka gina rumfa ta katako a bakin kogin Avon, ruwan sama ya yi ta zuba har kogin ya cika ya tumbatsa, aka fasa jerin gwanon da aka tsara na mutane sanye da kayan taurarin wasannin, kuma a duk kwanakin nan uku ba a nuna wasan Shakespeare ko guda ɗaya ba. Wannan abu ya daɗe yana damuna a matsayina ta mai koyar da adabi, domin yana nuna cewa tun daga tushe bikin ya fi karkata ga girmama sunan mutumin a kan sauraren maganarsa.

Daga nan abubuwa suka riƙa taruwa ɗaya bayan ɗaya. A 1824 aka kafa ƙungiyar Shakespeare Club a garin, ita ce ta mayar da bikin na shekara-shekara. A 1847 aka yi gwanjon gidan da aka haife shi a titin Henley Street, wani kwamiti ya saye shi a kan fam 3,000 domin ya zama na al'umma, a daidai lokacin da ake raɗe-raɗin cewa Ba'amurken nan mai shirya wasannin nishaɗi, P. T. Barnum, yana so ya kwashe ginin ya kai Amurka. A 1879 aka buɗe gidan wasan kwaikwayo na tunawa da shi, wanda Charles Edward Flower, ɗan gidan masu kamfanin giya na garin, ya ba da fili da kuɗi masu yawa. Kai furanni kabari kuwa, wanda mai kallo zai ɗauka tsohuwar al'ada ce ta ɗaruruwan shekaru, a 1893 ne shugaban makarantar King Edward VI ya fara shi tare da ɗalibansa. To idan kyamara ta zo bayan shekara ashirin ko talatin ta ɗauki wannan jerin gwano, al'adar da ta ɗauka ba ta kai shekarun da yawa daga cikin dattawan da suke tafiya a cikinta ba.

Mai Majigi:
Malama, na gode da wannan bayani, kuma a ganina ya ƙarfafa maganata ne. Idan al'adar sabuwa ce a lokacin, to fim ɗin ya kama ta tana tsaka da kafuwa, kuma irin wannan dama ba kasafai tarihi yake ba da ita ba. Bikin Garrick sai dai mu karanta shi a wasiƙu da jaridu da zane-zanen da aka yi daga baya. Na farkon ƙarni na 20 kuwa muna ganin faɗin titin, da yawan jama'a, da wanda ya shiga gaba da wanda aka bari a baya.

Mai Ɗaukar Hoto:
Malamai, ku ba ni dama in yi magana ta fuskar sana'a, domin akwai abubuwan da kyamarar wancan zamani ta hana mu gani ba tare da kowa ya yi niyyar ɓoye su ba. Kyamarar akwati ce ta katako mai nauyi, a kan ƙafafu uku, kuma da hannu ake juya ta, kusan hoto 16 zuwa 18 a cikin daƙiƙa ɗaya. Mai ɗauka ba ya iya bin jerin gwano yana tafiya, sai dai ya kafa ta a wuri ɗaya, galibi a kan wani abu mai tudu, ya jira mutane su wuce ta gabansa. Zaren fim ɗin yana buƙatar haske mai ƙarfi, shi ya sa kusan duk abin da muke gani na kan titi ne da bakin ƙofar coci. Kabarin yana can cikin cocin kusa da bagadi, wurin da hasken rana ba ya isa sosai, don haka ajiye furannin, wanda shi ne dalilin tafiyar gaba ɗaya, shi ne abin da ya fi wuyar samu a finafinan farko. Wanda ya kalle su kawai zai zaci bikin na tutoci ne da manyan huluna.

Akwai kuma batun launi, kuma ina roƙon ku kula da shi sosai. Zaren fim ɗin da aka fi amfani da shi kafin ƙarshen shekarun 1920 ba ya ganin ja yadda ido yake gani: ja yana fitowa kusan baƙi, rawaya ma tana yin duhu, shuɗi kuwa yana fitowa fari-fari. Ku auna abin da wannan yake yi wa bikin da ƙawarsa ta dogara a kan tutoci da furanni. Tutar Faransa za ta fito da gefen shuɗin ya koɗe, gefen jan ya yi baƙi ƙirin, kuma furannin watan Afrilu a Ingila, waɗanda da yawansu rawaya ne, za su fito kamar sun bushe. Shi ya sa nake jin takaici idan na ga waɗanda suke sa wa irin waɗannan finafinai launi da manhajar kwamfuta suna cewa sun dawo da su yadda suke. Manhajar tana yin hasashe ne daga duhu da haske, alhali duhu da hasken nan tun asali ba su yi daidai da abin da ido ya gani a ranar ba.

Game da saurin tafiyar mutane da yake ba wasu dariya, wannan ma ba daga su ba ne. Da fim mai sauti ya zo aka tsayar da hoto 24 a daƙiƙa, kuma idan aka haska abin da aka ɗauka a 16 da wannan saurin, jerin gwano na natsuwa sai ya koma kamar ana sassarfa. Wanda yake so ya fahimci yanayin ranar, ya rage saurin bidiyon zuwa kashi uku cikin huɗu, zai ga dattawan suna tafiya cikin nutsuwa irin ta masu zuwa ziyarar kabari.

Ɗalibin Tarihi:
Yaya Mai Ɗaukar Hoto, bayaninka ya ƙara mini hujja: ga zaɓin edita, ga kuma gazawar na'ura. Amma abin da ya fi tsaya mini shi ne tutocin. Jera tutocin ƙasashe a garin marubuci magana ce ta siyasa, tana cewa duniya duka ta zo gaisuwa ga gwarzon Ingila, a zamanin da Ingila take mulkin wani babban ɓangare na duniyar. Kuma wace tuta za a ɗaga, wace za a bari, ya sha jawo rigima. A 1926 an gayyaci Tarayyar Sobiyet, wasu mutanen garin suka tattara sa hannu suna adawa da a ɗaga jar tuta a titinsu, amma jami'in ofishin jakadancinta Ivan Maisky ya zo aka ɗaga ta. Fim na minti ɗaya marar sauti ba zai nuna maka takardar koken ba, ba zai nuna maka zaman da aka yi ana jayayya ba. Zai nuna maka mutum yana jan igiya, jama'a suna kallo, kamar babu abin da ya faru. Haka nan a 1916, lokacin cika shekara 300 da rasuwarsa, ana tsakiyar Yaƙin Duniya na Ɗaya, Jamusawa, waɗanda suka kafa tasu ƙungiyar Shakespeare a garin Weimar tun 1864, su ma suna cewa marubucin nasu ne. Duk wanda bai san wannan ba, hoton ba zai sanar da shi ba.

Baba Ɗan Fansho:
'Ya'yana, ina bin maganarku tun daga farko. Mu da muka tashi muna kallon majigi a fili, motar hukuma ta zo da yamma a kafa farin ƙyalle, wani ya tsaya da lasifika yana fassara mana da Hausa, mun san cewa abin da ake nuna mana an zaɓo shi ne, kuma wannan bai hana mu koyon abubuwa daga gare shi ba. Hukumar da Turawa suka kafa a 1939 domin yin finafinai ga ƙasashen da suke mulka, wanda ya jagorance ta, William Sellers, a Nijeriya ya yi aikin kiwon lafiya kafin nan, kuma manufarta a fili take. Amma ku dubi hotunan hawan daba da aka ɗauka a Kano a 1925 lokacin ziyarar Yariman Wales, wato magajin sarautar Ingila, ko na Kaduna a 1956 lokacin zuwan Sarauniya. Don a nuna girman mulkin Ingila aka ɗauke su, wannan ba a musu. Duk da haka yau mai binciken kayan doki da naɗin rawani da tsarin jerin hakimai can yake komawa, domin kyamara ta kwashi abin da mai ita bai ma san darajarsa ba. Ina ganin finafinan Stratford haka suke. Shi wannan Yarima da ya zo Kano ma, shi ne ya buɗe sabon gidan wasan Stratford a 1932, bayan gobara ta cinye tsohon.

Malamar Adabi:
Allah ya ƙara girma, Baba. Wannan ita ce gaɓar da nake ganin za ta haɗa Malam Mai Majigi da ƙanena. Idan ka kalli tsakiyar hoton, talla kake kallo, kuma Ɗalibin Tarihi ya yi gaskiya. Idan ka kalli gefe-gefe, sai ka ga abin da babu wanda ya shirya: yara sun kutsa gaban 'yan sanda suna leƙen kyamara, mata masu aiki sun tsaya a bakin shaguna, allunan shagunan da sunayen masu su, bambancin hular mai kuɗi da ta lebura, da yadda aka raba masu tafiya a tsakiyar titi da masu kallo a bakinsa. Wannan shi ne darasin finafinan kamfanin Mitchell da Kenyon na garin Blackburn, waɗanda aka gano kimanin faifai 800 nasu a cikin ganguna a ɗakin ƙasa na wani shago a 1994. Su don neman kuɗi suka riƙa ɗaukar ma'aikata suna fitowa daga masaƙu, su haska musu a wurin shagali domin kowa ya biya ya ga fuskarsa, amma yau babu wata taska da ta fi su nuna rayuwar talakan Ingila a shekarun farko na ƙarnin.

Sai dai akwai abin da har yanzu nake riƙe da shi a kan waɗannan finafinai, kuma bayanin Baba bai kawar mini da shi ba. Mutumin da ake girmamawa, duk darajarsa a magana take, a baitoci da zance tsakanin taurari, ga shi kuma an adana bikinsa a hanyar da ba ta ɗaukar ko kalma ɗaya. Jawaban da aka yi a liyafar rana, da huɗubar coci, da wasan da aka nuna da dare, babu ko ɗaya. Matsalar ta shafi har finafinan wasanninsa na farko. Wanda aka ɗauka a 1899 na ɗan wasa Herbert Beerbohm Tree a wasan King John, abin da ya rage daga cikinsa kimanin minti ɗaya ne na sarki yana mutuwa a kan kujera. Na ɗan wasa Frank Benson kuwa, wato Richard III da ya fito a 1911, a kan dandamalin gidan wasan Stratford ɗin aka ɗauke shi, kyamara tana tsaye wuri ɗaya daga nesa, 'yan wasa suna motsa baki da hannu, sai rubutu ya fito a allo ya taƙaita abin da ya faru. Benson ya shafe kimanin shekara talatin yana jagorantar wasannin bikin tun daga 1886, kuma wannan fim yana da daraja ƙwarai domin yana nuna mana dandamalin tsohon ginin da gobara ta cinye daga baya, amma ɗalibi ba zai koyi Shakespeare daga gare shi ba.

Ɗalibin Tarihi:
Na yarda da batun gefen hoto, Malama, amma da sharaɗi. Su ma mutanen gefen, waɗanda suka samu zuwa titin ne a ranar aiki. Kuma waɗanda tutocin daular Ingila suke magana da yawunsu, ba mu ganinsu sam. A littafin girmama Shakespeare da masanin adabi Israel Gollancz ya tattara a 1916 akwai rubutun Sol Plaatje na Afirka ta Kudu, mutumin da daga baya ya fassara wasu wasannin Shakespeare zuwa harshen Setswana, kuma a daidai wannan lokaci yana Ingila yana kai ƙorafin dokar filaye ta 1913 wadda ta hana baƙar fata mallakar mafi yawan ƙasarsu. Irin wannan mai karatu, wanda yake ƙaunar marubucin kuma yake jayayya da daular da take alfahari da shi, takarda ce ta adana mana muryarsa. Shi ya sa ba zan sa fim a gaban rubutu ba, sai dai a gefensa.

Mai Majigi:
Wannan sharaɗi na karɓe shi, ƙanena, ban kuma ga ya rushe maganata ba, domin rubutu ma wani ne ya zaɓi abin da zai sa a ciki. Tambayar da nake da ita ga Mai Ɗaukar Hoto ita ce: da yawa daga waɗannan gutsattsarin ana yaɗa su ba tare da shekara ba, ko da shekarar da ba ta dace ba. Ta yaya mai kallo zai gane zamanin da aka ɗauke su?

Mai Ɗaukar Hoto:
Malam, abu na farko shi ne a nemi ginin gidan wasan a bakin kogi, domin shi ne ya fi kowane abu raba zamani. Tsohon ginin na 1879 mai hasumiya ne da ado irin na tsofaffin gine-ginen Turai, kuma gobara ta cinye shi ranar 6 ga Maris 1926, makonni kaɗan kafin bikin shekarar. Idan ka gan shi a tsaye da rufinsa, fim ɗin ya girmi wannan rana. Idan kango ka gani, ko aikin gini a gefensa, to tsakanin 1926 ne da 1932, kuma a waɗannan shekaru a gidan silima na garin aka riƙa nuna wasannin, wato dandamalin Shakespeare ya koma ƙarƙashin rufin majigi har na tsawon shekara shida. Idan kuwa faffaɗan ginin jan bulo ka gani marar yawan ado, wannan shi ne wanda mai zanen gine-gine Elisabeth Scott ta zana bayan ta ci gasar da aka yi, aka buɗe shi ranar 23 ga Afrilu 1932 da taimakon kuɗi mai yawa daga Amurka. Sauti ma alama ce: labaran majigi masu sauti sun fara a Birtaniya a 1929 da British Movietone, saboda haka muryar mai sharhi ta asali tana nufin bayan wannan shekara, amma a yi hattara da kiɗan da mutane suke ɗorawa daga baya. Sai tutocin kansu, domin ƙasashe irin su Poland da Czechoslovakia ba su da wakilci irin wannan kafin 1918, sai kuma tsawon rigunan mata da fasalin motoci.

Wanda yake da damar ganin zaren fim ɗin da kansa yana da ƙarin hanya, domin kamfanin Kodak yana buga wasu 'yan alamomi a gefen zaren waɗanda suke nuna shekarar da aka ƙera shi. Amma kaɗan ne suke da wannan dama, saboda zaren wancan zamani na sinadarin naitiret ne, wanda yake kama wuta cikin sauƙi, ruwa ba ya kashe wutarsa, kuma idan ya tsufa yakan yi danƙo ya koma gari. Sai a farkon shekarun 1950 aka daina yin sa. Binciken da ɗakin karatu na majalisar dokokin Amurka ya fitar a 2013 ya nuna kimanin kashi 70 cikin 100 na dogayen finafinan Amurka marasa sauti sun ɓace gaba ɗaya. Cibiyar finafinai ta Birtaniya, BFI, wadda aka kafa a 1933 ta kuma buɗe ma'adanarta a 1935, tana ajiye irin wannan zare a ɗakuna masu sanyin digiri biyar ƙasa da sifili a Gaydon, cikin gundumar Warwickshire, wato gundumar da Stratford take. Abin da yake isowa wayoyinmu kwafi ne na kwafi, sau da yawa an yanke gefunansa domin ya cika allo, kuma gefunan nan su ne inda Malama ta ce mu duba. Don haka idan za ku kalla, ku nemi kwafin da ya fito kai tsaye daga shafin Pathé ko na BFI, wanda hotonsa yake kusan murabba'i da baƙin fili a dama da hagu, ku bar wanda aka shimfiɗa aka sa masa launi.